Tambaya da Amsa: Jirgin Ƙasan da ke Tafe da Tashar Wutarsa a Ciki

Wasiƙun wannan wata kusan duk sun taru a kan abu ɗaya: sababbin jiragen ƙasa na fasinja masu shan dizal amma lantarki ke tura su, irin waɗanda ke zirga-zirga tsakanin garuruwan yanki ɗaya, suna tsayawa tasha-tasha. Don kada magana ta tafi a iska, mun kafa misali da jirgi guda, wato FLIRT na kamfanin Stadler da ke Bussnang a ƙasar Suwizalan, musamman samfurinsa mai lamba 231 da ke aiki a Wales da ɗan'uwansa mai lamba 755 na gabashin Ingila. Injiniyoyin da ke taimaka wa wannan shafi ne suka amsa.

Tambaya: Assalamu alaikum, Injiniya. Ni makanikin janareta ne. Ina jin ana cewa jirgi "dizal-lantarki", abin ya ɗaure mini kai. Dizal yake sha ko wuta? In kuwa akwai inji a cikinsa, me ya hana a haɗa shi da ƙafafu kai tsaye kamar na tirela? (Mai karatu, Kano)

Amsa: Wa alaikumus salam, Malam. Dizal yake sha, wuta ke tura shi, kuma kai da janareta ne sana'arka ka riga ka san rabin zancen. Babu wani ƙarfe da ya haɗa injin dizal ɗin da ƙafafun jirgin. Aikinsa ɗaya ne tak, ya juya janareta. Wutar da janaretan ke bayarwa AC ce mai layi uku, sai dai ƙarfinta yana hawa yana sauka gwargwadon gudun injin, don haka ba a kai ta ƙafafu a haka. Sai an fara mayar da ita DC, irin ta batir, an tara ta a layi guda mai manyan kafasito. Daga nan inbata, babbar yayar wadda ake haɗa wa masu sola, ta sake mayar da ita AC, wannan karon daidai da ƙarfi da saurin da ake bukata a wannan daƙiƙar. Ita ce ke shiga moto, wato injin lantarkin da ke maƙale kusa da gatari, sandar ƙarfen nan da ta haɗa ƙafa biyu. Moto ya juya gatari ta giya ɗaya wadda ba a canja ta har abada.

Me ya kawo wannan dogon zagaye? Injin dizal ba ya iya ja daga tsaye. Sai yana juyi ɗaruruwa a minti yake da ƙarfi, in aka danne shi ƙasa da haka sai ya mutu. A mota kulochi ke sasanta rigimar, yana zamewa har mota ta ɗauki gudu. To kulochin da zai riƙa tayar da nauyin da ya haura tan 150 daga tsaye, sau da dama a kowace awa, ƙonewa zai yi nan da nan. Moto kuwa tun bai motsa ba yake ba da cikakken ƙarfin murɗawarsa, abin da jirgin da ke tsayawa kowane kilomita biyar ko goma ya fi bukata ke nan.

Ga yadda abin yake a mai lamba 231. Taragan fasinja huɗu ne, sai wani guntun tarago a tsakiyarsu wanda tsawonsa bai kai mita 7 ba. Wannan guntun shi ne tashar wutar. A cikinsa akwai injuna huɗu na kamfanin Deutz na Jamus, biyu a dama biyu a hagu, da siririn lungu a tsakani da fasinja ke bi su wuce. Kowane inji silinda takwas ne, cikinsa lita 16, yana ba da kilowat 480, jimla kilowat 1,920. Moto huɗu ne, biyu a ƙarƙashin goshin jirgin ta kowane ɓangare. Tsawon jirgin duka mita 80 da ɗan ɗoriya, iyakar gudunsa kilomita 145 a awa. Guda 11 aka ƙera, suka fara ɗaukar fasinja a farkon 2023 tsakanin Cardiff da Rhymney.

Shan mansa kuwa, yi lissafin da ka saba. Injin dizal mai lafiya yana shan kimanin kwatan lita a kan kowane kilowat na awa ɗaya. Inji ɗaya a cikakken lodi zai sha wajen lita 120 a awa ke nan, huɗun su kusanci 480. Amma jirgi ba ya daɗewa a cikakken lodi. Minti ɗaya ko biyu ne bayan barin tasha, ko wajen hawan tudu, sauran tafiyar kaɗan yake nema.

Dabarar kanta tsohuwa ce. Kan jirgin da ke jan taragai tsakanin Idu ta Abuja da Rigasa ta Kaduna shi ma haka yake aiki. Bambancin shi ne a can akwai kai daban da taragai daban, a nan kuwa jirgin duka jiki ɗaya ne, da wurin direba gaba da baya. In ya isa tashar ƙarshe direba ne ke sauka ya koma ɗaya goshin, ba a kwance komai ba a juya komai.

Tambaya: Malaminmu ya koya mana cewa duk lokacin da aka sauya makamashi daga wani nau'i zuwa wani, sai an yi asara. To a nan an sauya har sau huɗu. Ina ribar take? (Ɗalibar injiniyanci, Zariya)

Amsa: Malaminku ya yi gaskiya, Malama, kuma kada kowa ya ce miki babu asarar. Janareta ya ci nasa, na'urorin sauya wuta su ci nasu, moto da giya su ma su ciza. Kafin ƙarfin ya isa dogo, kashi 15 zuwa 20 cikin ɗari ya zama zafi ya bi iska. Jirgi mai giyabos irin na babbar bas, in ya kama gudu ya miƙe, asararsa ba ta kai haka ba, shi ya sa har gobe ana ƙera su. Hukumar sufurin Wales da ta karɓi mai lamba 231 guda 11, ita ce kuma ta karɓi mai lamba 197 har guda 77 daga kamfanin CAF na Sifen, waɗanda injinsu ke ƙarƙashin daɓen kowane tarago da giyabos mai giya shida.

Abin da ake saye da wannan asara shi ne raba inji da ƙafa, kuma ribar rabuwar tana da yawa. Kowane inji yana da gudun da ya fi ƙona mai da kyau. Tunda ba a ɗaure yake da ƙafafu ba, kwamfuta na iya riƙe shi a nan ko jirgi na rarrafe ko yana sheƙawa. Tsarin ya kuma ba da damar a hutar da wasu injunan idan lodi ya ragu. Inji biyu masu ɗauke da lodi sosai sun fi huɗu masu kasala lafiya, domin injin dizal da ya daɗe ba lodi yana tara baƙin hayaƙi da ɗanyen mai a salansa.

Sai maganar daɓe, wadda fasinja ya fi gani da idonsa. In inji na ƙarƙashin tarago dole daɓen ya yi sama ya ba shi wuri. Da aka kwashe injuna aka tara su a tsakiya, daɓen waɗannan jirage ya sauko zuwa milimita 960 daga saman dogo, alhali dakalin tasha a Birtaniya milimita 915 ne a ƙa'ida. Tazarar ba ta kai faɗin yatsu uku ba, ga kuma wani faranti da ke zarowa daga ƙarƙashin ƙofa ya rufe ramin da ke tsakanin jirgi da dakali. Mai keken guragu ya shiga da kansa, tsohuwa ba sai an ɗaga ta ba. A ganinmu wannan kaɗai ya isa hujja. Ƙara da girgiza su ma sun koma can tsakiya, ba a ƙarƙashin kujerar mutum ba.

Babbar ribar dai ita ce layin DC ɗin nan bai damu da inda wuta ta fito ba. Mai lamba 755, wanda ya fara aiki a yankin Norwich a watan Yulin 2019, guda 38, yana da hannun ƙarfe a rufi da taransifoma. In ya shiga ƙarƙashin waya mai bolt 25,000 sai a kashe injuna a ɗaga hannun, ƙarfinsa ya hau zuwa kilowat 2,600. In waya ta ƙare a tayar da dizal a ci gaba. Mai lamba 756 na Wales kuwa inji ɗaya kacal aka bar masa, sauran guraben uku batir aka zuba. Jirgi yana yin shekara talatin ko fiye yana aiki. Wanda ya sayi mai giyabos ya ɗaura aure da dizal na tsawon wannan lokaci. Wanda ya sayi wannan yana da damar sauya ra'ayi a tsakiyar tafiya. Layin da ke da tashoshi kusa-kusa, ko wanda ake sa ran sa masa waya wata rana, dizal-lantarki ya fi dacewa da shi. Dogon layin karkara mai jirgi biyu a yini, mai giyabos ya fi arha kuma ba laifi ba ne a zaɓe shi.

Tambaya: Na ga hotonsa, ƙafafun suna daidai mahaɗar taragai, ba a ƙarƙashin kowane tarago ba kamar yadda muka sani a zamaninmu. In tarago ɗaya ya lalace yaya ake cire shi? (Tsohon ma'aikacin reluwe, Kaduna)

Amsa: Baba, Allah ya ƙara girma, idonka ya gano ainihin wurin. Wannan bogi, wato firam ɗin ƙarfen da ke riƙe da gatari da ƙafafu, da tarago biyu ke zaune a kansa tare ana kiransa da sunan injiniyan Jamus Wilhelm Jakobs. Taragai huɗu na gargajiya bogi takwas suke ci. Wannan kuwa, har da guntun injunan, shida ne: biyu masu moto a goshi, huɗu na tarayya a mahaɗai. Nauyi ya ragu, ƙafafun da za a duba sun ragu, tafiya ta fi laushi, kuma in jirgi ya sauka daga dogo taragan sun fi riƙe juna a miƙe.

Amma tambayarka tana nan daram: ba a cire shi a tasha. Abin da kuka saba yi, a kwance tarago mai matsala a tura shi layin gefe sauran su wuce, ba ya yiwuwa. Tarago ɗaya ya samu matsala, jirgin duka ya tafi gareji. A can ma sai da jerin jak masu ɗagawa tare, kwamfuta na daidaita su, a ɗaga mita 80 ɗin a lokaci guda, domin in wani ɓangare ya riga wani mahaɗar za ta murɗe. Saboda haka duk hukumar da za ta sayi irin wannan jirgi, ta fara gina garejin da zai ɗauke shi, ta kuma sayi jirgi na ko-ta-kwana. Ba a ƙara masa tarago ranar kasuwa. Sai dai a haɗa jirgi biyu su tafi tare da direba ɗaya.

Tambaya: Mu a tirela birkin iska muka sani, kuma mun san yadda yake zafi a gangara. Shi wannan yaya yake tsayawa, kuma me ke lalacewa a birkinsa? (Direban babbar mota, Maraɗi)

Amsa: Birki biyu gare shi, Malam, kuma direba da hannu ɗaya yake sarrafa su, kwamfuta ke raba musu aiki. Na farko shi ne moto ɗin da kansa. Inbata ta juya masa aiki ya koma janareta, ƙafafu su riƙa juya shi da ƙyar, wannan ƙyar ɗin ita ke rage gudu ba tare da wani abu ya goga da wani ba. Sai jirgi ya kusa tsayawa, ko a birkin gaggawa, birkin iska mai matse faifai yake ɗaukar nauyin. Shi ya sa takalman birkinsa ke daɗewa ba a canja ba.

Wutar da birkin ya haifar dole ta samu wurin zuwa. Jirgi mai nauyin tan 170 da ke gudun kilomita 100 a awa yana ɗauke da makamashin da ya kai kilowat 18 na awa guda, wanda sai an ƙona dizal kimanin lita 5 kafin a same shi. A ƙarƙashin waya sai a mayar da wutar can wani jirgin ya amfana. Mai batir ya adana ta. Mai dizal zalla kuwa, na'urar sanyaya ɗaki da fitilu su ɗebi abin da za su iya, ragowar a ƙona ta a wasu ƙarafa masu tsananin zafi da iska ke hurawa. In ƙura ko ciyawa ta toshe su, kwamfuta ta janye birkin lantarki, nauyin duka ya faɗa kan faifai.

Inda matsala ta fi zama shi ne tsakanin ƙafa da dogo. Wurin da suka taɓa juna bai fi farcen babban yatsa ba, ƙarfe a kan ƙarfe. A busasshen dogo riƙon yana kai kusan kashi 30 cikin ɗari na nauyin da ke kan ƙafar. Yayyafi ya rage shi, danƙararren ganye ko maiƙo ya saukar da shi ƙasa da kashi 10. Ka tuna kuma a gatari 12 na jirgin, huɗu ne kawai ke da moto, ta nan duk ja da duk birkin lantarki ke bi. Don haka kowane gatari na da na'urar auna gudu. Wanda ya fara santsi sai a sassauta masa birki a sake kamawa cikin ƙiftawar ido, a kuma fesa yashi gaban ƙafa. Yashin nan sai busasshe, tankaɗaɗɗe. In ya sha laima ya dunƙule ya toshe bututu, direba ba zai sani ba sai ranar da ya neme shi.

In ƙafa ta kafe ta ja a kan dogo ko na daƙiƙa kaɗan ne, sai ta shafe a wuri ɗaya. Za ka ji ta tana kwas, kwas, kwas a kowane juyi, kuma kowane bugu guduma ce a kan boris da dogo. Maganinta injin fiƙe ƙafa na ƙarƙashin ƙasa, jirgi ya hau kansa a sassaƙe ƙafafun biyu na gatarin daidai da juna. Kowace sassaƙa tana cin milimita da dama na ƙarfen, tana rage wa ƙafar kwana.

Tambaya: Na ji an ce wani sabon jirgi irin wannan ya kusa murƙushe mota a Ingila saboda shingen mararraba ya buɗe da kansa. Gaskiya ne? Laifin jirgin ne? (Mai karatu, Kumasi)

Amsa: Gaskiya ne. Ranar 24 ga Nuwamban 2019 ne, da dare, a mararrabar Norwich Road kusa da ƙauyen New Rackheath. Jirgi mai lamba 755 na kan hanyarsa daga Norwich zuwa Sheringham, shinge ya sauka kamar kullum, sai kuma ya ɗaga alhali jirgin na dab da isowa. Motoci biyu suka tsallaka, jirgin ya wuce bayan ta biyu da ƙasa da rabin daƙiƙa. Allah ya kiyaye, ba wanda ya ji ciwo.

Don a gane dalili sai an san yadda mararraba ke "ganin" jirgi. Ana sakin 'yar ƙaramar wuta a cikin dogayen biyu. In jirgi ya hau, ƙafafunsa da gatari su haɗe dogon dama da na hagu, na'ura ta gane akwai jirgi, a wannan mararrabar har ta ƙiyasta nisansa da lokacin isowarsa. Duk abin ya dogara ne ga ƙarfe ya taɓa ƙarfe da tsabta. Hukumar binciken haɗurran jiragen ƙasa ta Birtaniya ta gano cewa saman dogon ya yi datti saboda zubar ganyen kaka da laimar yanayi, jirgin da ke wanke dogo kuma ba ya bin wannan layin a ƙarshen mako. Ƙari a kan haka, ƙafafun sababbin jiragen ba su ci ba tukuna, duk siffarsu ɗaya, don haka a siririn zare guda suke bi a saman dogon, ba kamar tsofaffin jirage da ƙafafunsu suka ci iri-iri suna goge wuri mai faɗi ba. Wuta ta kasa ratsawa da kyau, na'ura ta yi wa matsayin jirgin mummunar fahimta, ta buɗe hanya.

Ba injin ne ya yi laifi ba, ba birki ba, ba direba ba. Sabon jirgi ne ya haɗu da tsohuwar na'ura a kan dogo mai datti. Shi ya sa ba a gwada sabon jirgi shi kaɗai, sai tare da siginar layin da zai bi, a kowane yanayi na shekara. Tsatsa a layin da jirgi ba ya yawan bi, ko yashin da aka fesa ya yi yawa, suna iya haddasa irin wannan makanta. Layuka da yawa yanzu sun koma na'urar ƙirga gatari, wadda ke ƙirga nawa suka shiga yanki nawa suka fita, ba ruwanta da tsabtar saman dogo.

Tambaya: Injiniya, ana gina layin Kano zuwa Maraɗi. Irin wannan jirgi zai yi aiki a nan kuwa, da zafinmu da ƙurarmu? (Malamar makaranta, Katsina)

Amsa: Ta fuskar irin tafiyar, Hajiya, ya dace ƙwarai. Layin kimanin kilomita 284 ne, ya bi ta Kazaure, Daura, Katsina da Jibiya, garuruwa ne masu jama'a da ba su yi wa juna nisa ba, kuma irin wannan hanya aka ƙera jirgin dominta. Faɗin dogon milimita 1,435 ne, daidai da na Abuja zuwa Kaduna da na Birtaniya, ba 1,067 na tsohon layin Legas zuwa Kano ba. Dangin jirgin kuma sun zaga duniya: masu dizal 20 suna aiki a sanyin Estoniya a kan dogo mai faɗin 1,520, wasu suna aiki a zafin Texas ta Amurka tun Janairun 2019, Aljeriya na da masu lantarki zalla guda 64 a kewayen babban birninta. Senegal ma tun Disamban 2021 tana tafiyar da jiragen kamfanin Alstom masu iya waya da dizal tsakanin Dakar da Diamniadio. Amma ɗauko na Wales yadda yake a ajiye a Katsina kuskure ne babba, sai an ƙera namu da yanayinmu a zuciya.

Mu fara da zafi. Lagireto yana zubar da zafi ne gwargwadon tazarar da ke tsakanin ruwan inji da iskar waje. A ce ruwan na digiri 90. In iska na 20, tazara 70 ce. A watan Afrilu da rana tsaka, iskar da ke kan duwatsun dogo ta kai 45, tazara ta koma 45, sama da kashi ɗaya cikin uku na ƙarfin sanyayawa ya tafi. Inji ba zai fashe ba, kwamfuta ce za ta rage masa ƙarfi don ta kare shi, jirgi ya yi nauyin jiki, jadawali ya rushe. Inbata ta fi inji rashin haƙuri da zafi, ga na'urar sanyaya taragai tana jan wuta fiye da yadda take ja a Turai, daga aljihun injunan nan dai. Dole a rubuta a takardar saye cewa jirgi zai ba da cikakken ƙarfi a digiri 50, a ƙara girman lagireto da fankoki.

Ƙura ta fi zafi ɓarna, domin ita a ɓoye take yi. Inji mai lita 16 da ke juyi 1,900 a minti yana zuƙar iska sama da mita-kubik 15 a minti, in tobo ta cusa masa ya ninka. Huɗun tare za su haɗiye wajen mita-kubik 7,000 a awa. Ki ƙiyasta wannan a tsakiyar hunturu, lokacin da ƙurar Bodele ta ƙasar Chadi ta rufe sama. Filtar takarda kaɗai kwana kaɗan za ta yi ta toshe. Ana bukatar matatar ƙura ta farko mai juya iska kamar guguwa ta watsar da manyan ƙwayoyi, sannan filta biyu a jere, da ma'aunin da ke nuna toshewa, a riƙa canjawa bisa abin da ma'aunin ya nuna ba bisa kalanda ba. Kuma a hana ɗabi'ar busa filta da iska mai ƙarfi a mayar. Tana huda takardar da ramukan da ido ba ya gani, ƙura ta shiga ta cinye ringi da bangon silinda, inji ya fara shan baƙin mai. Akwatunan lantarki su kasance a rufe ruf, domin ƙurar da ta kwanta a rani in ta sha laimar damina tana zama hanyar wuta.

Sai mai. Waɗannan injuna suna fesa dizal da matsin da ya kusa bar 2,000, alhali tayar ƙaramar mota bar biyu da ɗan abu ce. Ɗigon ruwa ko ƙwayar yashi a wannan matsi yana ɓata nozul da famfo. Dizal ɗin Turai sinadarin salfa da ke cikinsa bai wuce kashi 10 cikin miliyan ba. Ƙa'idar da ƙasashen ECOWAS suka amince da ita a 2020 ita ce 50. Mai yawan salfa yana kashe na'urar tace hayaƙi yana gurɓata baƙin mai da wuri. Hukumar jirgi sai ta mallaki tankunanta, ta riƙa gwada kowace tanka kafin a sauke, ta riƙa zubar da ruwan da ke kwanciya a gindin tanki.

Akwai kuma ruwan AdBlue da injunan Turai na yanzu ke fesawa a salansa don rage gubar hayaƙi: yuriya kashi 32.5, sauran tataccen ruwa. Turawa daskarewarsa suke tsoro, mu kuwa zafi ne abokin gabarmu. A digiri 25 yana wata 18 a ajiye, a 30 wata 12, a 35 wata shida kacal. Sai an yi masa ɗaki mai sanyi, kuma kada wani ya yi tunanin jiƙa takin yuriya na gona ya zuba, zai toshe na'urar gaba ɗaya.

Cikin taragon ma sai an sake tunani. Na Wales kujerunsa kusan 200 ne, kuma siriri ne saboda tsofaffin gadoji da ramukan Birtaniya. Fasinjanmu da buhu yake tafiya, da kwali, wani da keken ɗinki. A faɗaɗa jiki, a bar fili kusa da ƙofofi, a gina dakalin tasha daidai da tsayin daɓen, tsawonsa ya haura mita 160 don jirgi biyu a haɗe lokacin Sallah.

Tambaya: In inji ɗaya ya mutu a tsakiyar daji, shi ke nan an kwana a nan? (Mai karatu, Garwa)

Amsa: A'a, Malam. Kwamfuta ta ware shi, ukun su ci gaba da kilowat 1,440, jirgi ya isa da 'yar makara. Ƙaramin mai lamba 755 mai tarago uku inji biyu gare shi, shi kam rabin ƙarfinsa ya tafi, amma zai kai tasha. Yawanci dalilin ƙarancin ruwa ne, ko zafi, ko toshewar filtar mai. In allon direba ya nuna faɗuwar matsin baƙin mai, kada a sake tayar da shi, domin minti ɗaya a haka ya isa ya cinye metal. A gareji ana zare inji da janaretansa a dunƙule a sa wani, a gyara mai ciwon a natse.

Abin da ya fi tsayar da irin waɗannan jirage ƙofa ce. An haɗa su ta yadda in ƙofa ɗaya ba ta ba da shaidar ta kulle ba, moto ba zai karɓi wuta ba ko injuna huɗun na ruri. Tsakuwa ɗaya a kwaroron ƙofa, ko farantin taka ƙafa da ya ƙi komawa, ta isa. Sai ma'aikaci ya je ya tura shi da hannu, ya kulle ƙofar da makullinsa, ya manna takardar cewa ba ta aiki, fasinja su bi ta gaba. Shi ya sa a gareji mai tsari, share kwaroron ƙofofi da na faranti aikin kowane dare ne, tare da duba ruwa, baƙin mai da akwatin yashi.